Bakwai Ja da Ka Tafi da Ita

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Daga hannun Illa, a ƙauyenmu na ƙasar Falanko, zuwa ga wana Mutari, a duk inda Allah ya ajiye shi. Gaisuwa mai yawa da girmamawa, da tambayar lafiyarka, in tambayar tana da wurin sauka. Bayan haka:

Na san ba ka karatu, Yaya. Tare aka ba mu allo, ni na riƙe nawa, kai ka bar naka gara ta ci. Saboda haka takardar nan sai wani ya karanta, kuma ban san ko wane ne ba. Zan ba wani mai raƙumi da zai yi arewa. Duk wanda ya buɗe ta a hanya ban hana shi ba, sai dai ya yi haƙuri, zancen karta zai sha.

Inna tana nan, ido ne dai ya ragu. Abin da ya zaunar da ni rubutu shi ne maganar sadakarka. Ta daɗe tana so a yi. Ta ce in ka mutu, to ka jima kwance ba wanda ya daka maka gumba, ba wanda ya tara mutane aka yi maka fatiha, kuma ba ta so ta biyo ka ta tarar da kai haka. Liman ya ce shekarun da ake jiran wanda ya ɓata sun wuce. Dangi duk sun yarda. Ni kaɗai na kafe, kuma da yake ni ne namijin da ya rage a gidan, ba a yi sai na ce a yi. Ka san abin da nake ce musu? Maganarka nake mayar musu: ba a kiran kapo da karta a hannu. Liman ya ce bai taɓa ganin wannan a littafi ba. Na ce ni ma ban gani ba.

Ka tuna ranar da ka dawo daga yaƙin Nasara? Gari ya fito kallon abin da soja ya kawo. Wasu na cewa raƙumi, wasu na cewa bindiga. Ka kwance ƙunshinka, sai ga bargo mai wari, da gwangwanin shan ruwa, da wani ɗaurin takardu masu hotunan sarakuna da matansu, kowane da kai biyu, ɗaya sama ɗaya ƙasa. Inna ta juya guda ta sake juyawa, ta ce mutanen da suke da kai biyu ba ƙafa, ba mamaki su tayar wa duniya hankali.

A gindin aduwar bakin rijiya ka koya mana, da rani, bayan hatsi ya shiga rumbu, ba aikin yi sai jiran la'asar. Mutum huɗu, biyu-biyu, kowa na fuskantar abokinsa. Ni da kai gefe ɗaya, Habu baduku da duk wanda ya yaudaro a ranar gefe ɗaya. Kowa ya jefa guda, mai babba ya kwashe, wannan shi ne ci ɗaya. Akwai kuma dangin karta da ake zaɓa tun farko, ka ce sunansa atu, wanda ƙaraminsa ma yana kayar da sarkin wani dangi. Wannan ya yi wa Habu daɗi. Ya ce tun da aka haife shi bai ga inda talaka ke taka sarki ba sai a kan tabarmarka.

Amma kalmar da ta fi zama a bakinmu ita ce kapo. Ka ce kapo shi ne a raba, a yi wasa har a ƙare, gefe ɗaya bai kwashe ko sau ɗaya ba. Ba faɗuwa ba ce kawai. Wanda ya faɗi ya ci wani abu, fin sa dai aka yi. Wanda ya sha kapo kuwa, in ya duba gabansa tabarma zai gani, ba komai a kanta. Ka koya mana yadda ake sarrafa kalmar: masu nasara su suka yi kapo, marasa sa'a su suka sha shi, wanda kuma ya samu ci ɗaya tak bayan ya hango halaka, sai a ce ya fita kapo. Na ga mutum an kayar da shi warwas, yana dariya har da hawaye, don kawai ya fita.

Ba mu taɓa ajiye ko wuri ɗaya a tabarmar nan ba, don ka ce ka ga abin da caca ta yi wa mutane a bariki. Hukuncinmu irin na Damargu ne: waɗanda suka sha kapo su za su ja ruwa su shayar da dabbobin waɗanda suka yi musu. Wanda bai san rijiyarmu ba zai ce ai da sauƙi. Igiya kake ja har ka manta abin da ya kawo ka kafin guga ya leƙo. Habu ya shayar da jakinmu har jakin ya fara bin sa gida.

Doka ɗaya ce ba ka wasa da ita. Ba a kiran kapo sai ta ƙarshe ta faɗi. Ko hannunka duk sarakuna ne, ka kama bakinka. In ka kira da wuri aka ci ka sau ɗaya, kapon ya juyo kanka. Wanda ake ci kuma ba shi da izinin watsar da kartarsa ya ce ya sallama, ba shi da izinin ya danne ta ƙarshe ya ƙi jefawa. Zama zai yi ya sauke su ɗaya bayan ɗaya, ko ransa yana ƙuna. Ban sani ba ko haka Nasara suke yi, ko kai ka ƙago. Na taɓa tambayarka, ka ce a ramin taɓon da aka zaunar da ku a wurin yaƙi, wanda ya ce an gama tun ba a gama ba shi ake fara fitarwa a bargo. Ba ka ƙara ba, ni ma ban sake tambaya ba.

Akwai ranar da ba zan manta ba. Habu ya samu hannu irin na mafarki, yana ta kwashewa, mu ko ɗaya. Har ya aika a ɗauko igiyar guga a ajiye kusa da ƙafata. Da aka zo zagayen ƙarshe ya ɗaga sarkinsa sama ya maka a tabarma, bakinsa ya riga hankalinsa, ya ce kapo! Ni na jefa tarkacen da ya rage mini. Kai kuwa ka sosa gemu, ka miƙa hannu a hankali ka ajiye bakwai ja, ƙaramar cikin ɗaurin duka. Ja ne atu a ranar, kuma kowa ya manta tana nan. Jakinmu ya sha ruwa har cikinsa ya yi tulu.

Daga nan kalmar ta bar tabarma ta shiga gari. Shekarar da fara ta sauka mana, sai ka ji ana cewa gonar wane ta sha kapo, mai dami ɗaya kuma yana gode wa Allah ya fita. Mata a bakin rijiya suna faɗa in guga ya fito wayam. Liman da ya yi ta yi mana faɗa a kan karta, an ji shi da kunne yana faɗar ta ranar da kura ta shiga garken awakinsa.

Sai 'yan gardi, dakarun Nasara, suka zo daga bariki, kwamanda yana son raƙuma da mutanen da za su kai kaya Agadas da gaba da Agadas, kowane gida namiji ɗaya. Mai gari ya kira sunana, tun da kai ka riga ka yi naka. Ka tashi ka karkaɗe riga, ka ce Illa bai iya barci yana tafiya ba, bai kuma san wace tsawa ce ta gaske a cikin tsawarsu ba, kai ka sani. Ka tafi a madadina. Na yi musu da kai, amma musun wanda yake so a fi ƙarfinsa ne, kuma ka gane.

Kafin ku tashi ka zare bakwai ja daga ɗaurin ka kai wa Habu. Ya naɗe ta, ya ɗinke a jar fatar akuya da koren zarensa a gefe, kamar laya. Ka damƙa mini sauran, ka ce in riƙe, wasa ba zai ƙare ba tun da ta ƙarshe tana wurinka. Inna ta ga abin a wuyanka, ta ɗauka Liman ne ya yi maka rubutu. Ta yi murna, ta ce yau dai Mutari ya tuna da Allah. Ka dube ni, ni kuma na dubi ƙasa.

Waɗanda kuka tafi tare sun dawo ɗai-ɗai, waɗanda suka dawo ɗin. Wani ya ce ya bar ka a bakin wata rijiya da zazzaɓi. Wani ya ce an gan ka cikin ayarin gishiri. Wani ya ce gudu ka yi ka faɗa ƙasar Kano. Kowace shekara nakan zaɓi labarin da ya fi mini daɗi in riƙe. Mun gwada wasa da sakaina a madadin bakwan, amma kowa na ganin wanda ta faɗa hannunsa, sai muka bari. Inna kuwa ta ware hatsin sadakarka a ƙaramin rumbu, kowace kaka ta kwashe tsohon ta zuba sabo don kada ƙwari su shiga. Ina gani, ina wucewa kamar ban gani ba.

Kwanakin baya da hantsi wani Buzu makiyayi ya sauka a garin yana tambayar rumfar Habu. Ya ce can arewa da Tenhya, a bakin wata rijiya da ta mutu, iska ta tone ƙasusuwan mutum. Ya tattara, ya haƙa, ya binne su suna fuskantar alƙibla. A cikinsu ya tsinci laya. Bai buɗe ba, don ba a buɗe layar wani. Bai yar ba, don yana zaton da sunan Allah a ciki. Ya sa ta a rawaninsa yana nuna wa dukawa a duk kasuwar da ya ci, har wani a Belbeji ya gane ɗinkin ya kwatanta masa garinmu. Mun yi mun yi ya karɓi wani abu, ruwa kawai ya sha.

Habu ya karɓa, ya gane ɗinkinsa. Amma ya ce kada in yi saurin yanke ƙauna, duk waɗanda aka kwasa a shekarar nan shi ya ɗinka musu layu, fata ɗaya, zare ɗaya. Gaskiya ya faɗa. Saura abin da ke ciki: in aya ce, ɗan wasu ne, in ba aya ba ce, ni da Habu kaɗai muka san ko mece ce.

Na yi kwanaki da ita a aljihu, Yaya. Ina noma da ita, ina salla da ita, ina jin gefenta a cinyata. Ni da na cika wa mutane kunne da cewa sai ta ƙarshe ta faɗi, ga ta a hannuna na ƙi saukewa. Tsoro nake ji, ba wani abu ba. Habu ne ya tare ni a hanyar gona, ya ce dokarka gefe biyu gare ta, kuma na shekara da shekaru ina cin gefe ɗaya.

Yau bayan azahar muka je gindin aduwar. Na shimfiɗa tsohuwar tabarmar, na ajiye ɗaurin a tsakiya, Habu ya ba ni wuƙar aikinsa. Na yanke koren zaren. Gumi ya mayar da takardar ruwan ƙasa, gefe ɗaya ya ci, amma ɗigon suna nan ana ƙirga su. Habu ya juya fuskarsa wajen rijiya. Na ɗora ta a kan 'yan uwanta, ɗaurin ya cika. Na zauna ina jiran a kira, tun da masu nasara ne suke kira, sai na ga ba kowa a gefen can. Muna nan har inuwa ta bar tabarmar.

Daga nan na wuce ɗakin Inna na ce a jiƙa hatsi. Ba ta yi kuka ba a gabana. Ta ce in ba ta layar. Na koma wurin Habu, ya mayar da bakwan cikin fatarta ya sake ɗinkewa, na kawo mata. Da Liman ya shigo gaisuwa, ta riƙe ta a ƙirji ta ce Allah ya saka masa da alheri, rubutunsa ya raka ɗanta har inda ƙafarsa ta tsaya. Liman ya buɗe baki, ya dube ni, ya rufe, sannan ya ce amin.

Ka ce wanda ya samu ci ɗaya ya fita. Na zauna na duba wasan nan tun daga farkonsa. Ka je yaƙin da ba naka ba, ka dawo da bargo da gwangwani, ba ka yi aure ba, ba ka bar ɗa ba, ka tafi ɗaukar kayan da ba naka ba. In akwai abin da ka kwashe a duniyar nan, ni ne, da nake zaune a inuwa ina rubutu. Wallahi Yaya, ban ji kamar wanda aka fitar ba.

Jibi za a yi sadakar. Buzun nan ya yarda ya jira, shi zan ba takardar, ya ce zai danne ta da dutse a wajen kanka.

Allah ya jiƙanka, ya yafe maka, ya sanyaya ƙasar da ta rufe ka. Allah ya shayar da kai, kai da ka kwanta a bakin rijiyar da ba ruwa. Allah ya saka wa wanda ya binne ka bai san sunanka ba. Allah ya ba Inna haƙuri, ni kuma ya ba ni abin da ya ga dama. Amin.

Ban kira da wuri ba, Yaya. Ka shaide ni a kan wannan.

Naka ƙani, wanda ke zama yana fuskantarka,
Illa.