Na Ƙi Kujerar Darakta, Na Kasa Faɗa wa Matata

Anti, don Allah ki taimake ni da shawara, maganar nan ko aminina bai ji ta ba.

Shekara goma sha bakwai ke nan ina aikin fim a bayan kyamara, mataimakin darakta. Ni ke nemo gidan da za a yi ɗauka, in lallashi mai gidan, in tsara wa zai zo ƙarfe nawa, in roƙi maƙwabta su rage rediyo. Sunana kan fito a ƙarshen fim, lokacin da kowa ya tashi neman takalminsa.

Watan jiya aka yi wa daraktanmu tiyata, furodusa ya ce in riƙe. Kwana tara na yi a kujerar. Jaruma tana tambayata yadda za ta yi kuka, ni kuwa idona na kan hadari, ina tunanin wayoyin wutar da ke ƙasa. Abinci ma ya daina shiga. Ranar da daraktan ya dawo na rungume shi har ya ce zan farke masa ɗinki. Daga baya furodusa ya ba ni fim nawa na kaina, na ce na gode, a ba wani. Wallahi na fito ofishin kamar an sauke mini buhun siminti.

Matsalar uwar 'ya'yana ce. Ta riga ta sanar da yayyenta za a ba ni fim, har autarmu na kirana Baba Darakta. Sati biyu ke nan ina ce mata ana kan magana. Anya ba ragwanci ke damuna ba?

Na Bayan Kyamara

Ɗan'uwana, kwantar da hankalinka. Rago ba ya riƙe aiki kwana tara ya miƙa shi lafiya. Ka gwada, ka ga ba wurinka ba ne, kuma sanin hakan ba gazawa ba ce.

Amma ita ma ka duba ta. Ta daɗe tana yi wa dangi bayanin aikin da ba sa gani, yanzu ta samu abin nunawa. Inda ka yi kuskure shi ne ɓoyewar. Ka zaunar da ita yau, kafin ta ji a bakin wani. Ka faɗa mata yadda kwanakin nan tara suka yi maka, ka ba ta haƙuri, ka bar ta ta yi fushinta. Yayyenta kuma kai za ka kira, kada ka bar mata kunyar.

Allah ya ƙara muku fahimtar juna, ya sa albarka a sana'arka.