Muryar Ɗana Ba Ta Raƙumi Ba Ce

Zuwa ga Manajan gidan rediyon da muke kamawa a nan ƙasar Gumel, wanda ba sai na kama suna ba, mai kaza a aljihu ba ya jimirin as.

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyali da ma'aikata, har da wanda zan kawo ƙararsa. Sunana Habu, dillalin raƙuma a kara, wato wajen dabbobi na kasuwar Maigatari mai ci ran Alhamis. Karatuna aji uku ne na elemantare, na ukun ma sau biyu na yi shi, don malamai sun ƙi rabuwa da ni. In ka ga baƙi ya karkace ka miƙar da shi da kanka. Ta jarida na biyo domin abin a bainar jama'a ya faru.

Na ɗaya. Ɗana da abokansa uku suna wani kiɗa na jita da ganguna irin na samarin Turai, rok suke ce masa, amma da Hausa suke rerawa. Ɗana ne mai jitar, shi ne kuma mawaƙinsu. Samarin Bakin Iyaka suka sa wa kansu. Ba kamfanin da ya ɗauke su. Jitar daga Damagaram ta tsallako, wutar kuma batirin wata tsohuwar lori ce. Da fari na ƙi, na ce mu ba mu gaji roƙo ba. Ya ce ai ba kowa suke roƙa ba. Na ce to wannan ya fi muni, kiɗa ba roƙo ai noma ne ba girbi. Shekara biyu muna haka har na gaji na zuba ido.

Na biyu. Da kansu suka je birni aka buga musu ƙaramin faifai, waƙa ɗaya mai suna Motar Alhamis. Ita ce ɗanɗano, sauran waƙoƙin sai bayan Sallah za su koma su ɗauka a babban faifai, wanda shi ne na farinsu. Suka kawo muku, mai shirin zaɓen masu saurare ya yi alkawarin sawa ran Asabar da la'asar, ya kuwa cika. Ni da bakina na gayyato mutane. Na shimfiɗa tabarmi uku a ƙofar gida, na sa wa rediyo sabon batir, har daga Sule Tankarkar surukina ya zo a kan keke.

Na uku, nan maganar take. Ranka ya daɗe, shekara ashirin da wani abu ina cikin raƙuma. Na san kukan wanda aka yi wa lodi fiye da kima, na san na wanda aka raba da taguwa, wato macensa. Abin da ya fito daga rediyona ran nan na biyun ne. Ganga tana tafiya kamar mai jan ƙafa da kurkunu, murya tana fitowa daga gindin rijiya. Sai Jauro Buba, wani Bafulatani abokin wasana, ya gyara zama ya ce, “Habu, wannan in haƙoransa da sauran kyau ka kawo shi kara ran Alhamis, ina da mai saye.” Aka yi dariya, ni ma na taya, don ba a barin Bafulatani ya ga ya ci. Da na waiga, yaron ya shige gida.

Na huɗu. Ni ma na ɗauka iyakar muryar ke nan. Sai Isyaku tela a Gumel, mai garmaho na batir, ya ce in kawo masa kwafin faifan da ke gida, ya zaunar da ni ya nuna mini wani ɗan makunni a gefen na'urar. Ƙaramin faifai juyi arba'in da biyar a minti yake so, babba talatin da uku. Ya sa faifan a talatin da uku, sai ga raƙumin nan naku ya dawo, ko tari bai canja ba. Ya tura makunnin, sai ga ɗana. Lambar kuwa an rubuta ta ɓaro-ɓaro a tsakiyar faifan. Ni mai aji uku na karanta ta. Ban san aji nawa ma'aikacinku mai sa faifai ya yi ba, amma na tabbata ya wuce ni.

Yanzu yaron ya rataye jita a bayan ƙofa. Ya ce wa abokansa su nemi wani mawaƙin, shi ba zai koma birni ba. Alhamis biyu ke nan yana bina kara, abin da na shekara biyu ina roƙon Allah. To an ba ni, kuma ban ji daɗi ba. Yana tsaye riƙe da akala, yara na wucewa suna yi masa gurnani, ba ya ko ɗaga kai.

Ga roƙona. Ku sake sa Motar Alhamis a wannan shirin, a wannan lokacin, a juyinta na gaskiya, kafin Sallah. Mai shirin ya faɗa da bakinsa cewa kuskuren na'ura ne da mai kula da ita, ba na maƙogwaron kowa ba. Kada a kori ma'aikacin, ni ma na taɓa sayar wa mutum raƙumi mai ido ɗaya ban sani ba, domin ta ɓangaren mai kyau na tsaya. A dai nuna masa makunnin.

Saura guda. A shagon Isyaku sau huɗu na sa aka maimaita mini waƙar, har ya ce batir ba ruwan rijiya ba ne. Yaron ya iya. Amma ɗan fari ne, ko sunansa ba na kamawa, balle in dube shi in yaba masa. In mai shirin naku ya saurara ya ji abin da na ji, to ya faɗa a rediyo, da sunan yaron, yana nan rubuce a faifan. Ni zan kasance a zaure ina gyaran igiya, kamar ban ji ba.

Allah ya ƙara maka lafiya da girma, ya kiyaye ku daga kuskuren da gari guda ke ji a lokaci ɗaya.

Wassalam.

Habu Dillali, Maigatari.