Labarin Fic da Kika Bar Mana

Zuwa ga Addata Maryamu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah ya yalwata miki makwanci. Na san takardar nan ba za ta iso gare ki ba, babu motar da ke zuwa inda kike. Amma bakina ya saba kawo miki labari, ya ƙi dainawa.

Inna tana nan, ciwon ƙafar ne dai ya hana ta fita. Har yanzu in ana rabon abinci takan ce a ajiye na Maryamu, sai kuma ta tuna ta kau da kai. Ruwan bana ya yi ɓarna a Dawaki, kwarin bayan gida ya ƙara cin ƙasa har katangar ɗakinki ta tsage. Ɗalibanki na firamare kuwa, in sun gan ni a hanya sai sun durƙusa, wai ƙanwar Malama.

'Yarki Ummi tana wurina a Arawa, kamar yadda kika roƙa. Ta yi tsawo, Adda, ta wuce ni. A kanta ne nake son mu yi magana.

Bayan ƙaramar salla na lura fuskarta tana sauyawa. Kumatun sun yi wani ja-ja, gaɓoɓin yatsu kuma sun yi baƙi ƙirin. Ina gyaran ɗaki na tarar da kwalbar man bilicin a cikin jakar makarantarta. Da na tambaye ta, ba ta yi musu ba. Ta ce in an tashi ɗaukar hoto a aji, ƙawayenta sukan ce ta koma baya kada ta ɓata musu hoton, wai sai an kunna fitila kafin a gan ta. Tana faɗa tana murmushi, irin murmushin da na sani sarai. Me zan ce mata? Ke ce mai magana a gidanmu, ni mai sauraro ce.

Kin tuna yadda nake da tabon nan nawa, tun daga kunnen hagu har haɓa? Yaran layinmu Mai Taswira suke kirana. Na daina zuwa ɗebo ruwa, na daina zuwa biki, ko a tsakar gida da mayafi nake rufe rabin fuska. Sai kika dawo hutu daga Jos, inda kike karatun malanta, kika kira ni bayan ɗaki kika buɗe gefen zaninki. Wani ɗan itace ne da ban taɓa gani ba, kika ce Turawa fic suke ce masa, a wani shago kika gan shi kika tuna da ni. Jikinsa da gashi-gashi mai laushi kamar kuncin jariri, gefe ɗaya rawaya, gefe ɗaya ja jawur.

Kika hana ni ci sai kin ba ni labarinsa. Wai Fic ta zo kasuwa cikin kwando ɗaya da mangwaro da lemo, suka yi ta mata dariya cewa wuta ta ƙone mata kunci. Sai ta kifa jan gefen cikin ganye, ta wuni a haka ba wanda ya kula ta. Da yamma wata tsohuwa ta juya ta, ta ce ai nan ne rana ta fi daɗewa tana kallo, nan zaƙin ya taru. Kika ce in fara gatsa daga jan gefen. Ruwansa ya gangaro mini har wuya, muka yi ta dariya. Washegari na je famfo ba tare da na rufe fuska ba. Ba su daina tsokana ba, ni ce na daina gudu.

To, labarin nan na zaunar da Ummi na fara ba ta. Ban kai rabi ba ta tsayar da ni, ta ce ba haka Mama take faɗa ba. A nata labarin babu jan kunci. Wai Fic ta ga tuffa tana sheƙi, sai ta shiga goge jikinta da yashi don ita ma ta yi sheƙi, har fatar ta saɓule, ƙudaje suka yanyame ta. Tsohuwar ta ɗauke ta tana kuka, ta ce wannan fatar da kika goge ita ce take tsare miki zaƙinki. Ummi ta ce tun tana aji uku kike ba ta shi in kina mata kitso.

Adda, ashe kowa da irin fic ɗin da kika ɗinka masa? Ashe tun tana ƙarama kin hango ranar nan? Muka zauna ni da ita a kan tabarma muna kuka, har tuwon da ke kan wuta ya kama. Ban ƙwace kwalbar ba. Bayan 'yan kwanaki da kanta ta jefa ta a shara. Na kai ta asibiti an duba fatar, an ce za ta dawo a hankali. Ba zan ce miki ta warke a zuciya ba, akwai ranakun da take dawowa daga makaranta ta shige ɗaki. Amma a hoton da suka ɗauka na ƙarshen zango, a gaba ta tsaya.

Ga abin da ya hana ni sukuni. Lokacin da ciwon dajin ya ci ƙarfinki, maganin ya zubar miki da gashi, kin sa an cire madubin ɗakinki. Ƙawayenki na makaranta suka zo dubiya kika ce a ce musu kina barci, don kada su gan ki a haka. Ina zaune a bakin gado ina ba ki kunu, ina ta neman abin da zan faɗa, na rasa. Ke da kika ba kowa labari, wa ya taɓa zama ya ba ki naki? Na ɗauka wanda ya iya lallashin mutane ba ya bukatar a lallashe shi.

Bari in faɗa miki yanzu. Ina cikin waɗanda suka yi miki wankan ƙarshe. Ni na riƙe kanki, ba gashi ko ɗaya, kin rame har ƙasusuwan kuncinki sun fito. Na daɗe ina kallonki har matan suka ce in yi haƙuri in saki, maza suna jira a waje. Wallahi Adda, kyakkyawa ce ke ranar nan, kamar yadda kike tun ina goye a bayanki. Da ma na faɗa tun kunnenki yana ji.

Allah ya jiƙanki, ya sa can ta fi nan, ya haɗa fuskokinmu a Aljanna. Sai na zo.

Ƙanwarki mai kewarki,
Asma'u