Layi Bakwai da Na Cire

Zuwa ga Babana,

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kana cikin ƙoshin lafiya. Yaya gwiwar, yaya kunnen? Ina fata kana zuwa asibiti ranar da suka ba ka, ba sai ranar da ka ga dama ba. Tunda ka rantse kai da waya kun raba gari, ga ni na dawo takarda da biro.

Ga littafin da na cika ka da labarinsa wata shida. Malamar gona ce ta rubuta, dattijuwar nan da ta shekara talatin tana koyar da manoma, ni kuma na tsara shafukansa daga bango zuwa bango. Duba bayan shafin farko, can ƙasa, za ka ga sunan 'yarka da ƙananan haruffa. Maganarsa duka a kan noman kayan lambu ce ba takin zamani, ba maganin feshi na kanti: yadda ake haɗa taki da kashin kaji da busasshen ganye, amfanin irin wannan abinci a jiki, da yadda manyan gonaki ke samun takardar shaida kafin su kai kayansu kasuwa. Babi na shida zai fi burge ka. Na ƙwari ne, su da suka hana latas ɗin lambun marigayiya Inna sakat.

Na sha wuya, Baba. Injinmu shafi sha shida yake bugawa a faifan takarda guda, to sai littafin ya tashi ɗari da sittin da ɗaya. Saboda shafi ɗaya tak sai an ƙara faifai, a bar shafi sha biyar farare fat. Manaja yana tsaye a kaina, mai inji yana ta leƙowa ta ƙofa. Na matse nan, na rage hoto can, na ɗan yi aski a wani wuri, har ya zauna ɗari da sittin cif. Manaja ya yabe ni a gaban kowa.

Sai dai tun ranar wani abu ke ɗan sukata a rai, na rasa mene ne. Wataƙila gajiya ce. Ka gaishe mini da Tela maƙwabci da iyalinsa.

Taka har kullum,
Uwar Gaggawa, tunda ka ƙi daina kirana haka

*

Babana,

Ina gaishe ka, ina roƙon Allah ya sa takardar nan ta same ka a tsaye da ƙafafunka. Na san Tela ya isar da saƙona, don na kira shi sau huɗu jiya har ya fara jin haushina. Ina sake faɗa: kada ka taɓa abin da ke shafi na casa'in da uku, a babi na shida. Kada ka jiƙa ganyen taba, kada ka fesa, kada ma ka ɗauko bokitin. Dalilin ne na kasa faɗa ta bakin wani.

Shekaranjiya wata mata ta shigo ofishinmu da littafin a hannu, duk ya yamutse. Mijinta yana noman kabeji a bayan gida. Ya bi abin da shafin ya ce, ya dama ruwan ganyen taba da hannunsa tsirara, ya yi feshi tun safe iska tana dawo masa da shi. Kafin azahar ya fara amai da jiri, gumi kamar an watsa masa ruwa, ya faɗi a tsakiyar kunyar kabejin. Kwanansa uku a asibiti. Ba ta yi faɗa ba, da ma ta yi. Tambaya kawai take yi, yaya littafin da ya ce komai na cikinsa daga ƙasa ya fito zai kusa kashe mata miji.

Ina jin ta daga teburina. Na buɗe rubutun Malama na asali a kwamfuta. Ga shi nan kuwa. A ƙarƙashin bayanin ruwan taba akwai ɗan akwatin rubutu, layi bakwai. Ta ce ruwan nan guba ne, yana ratsa fata ya shiga jiki, kada a taɓa shi ba safar hannu da abin rufe hanci, kada yaro ya matso kusa, kada a fesa wa ganyen da ake ci ɗanye, kuma ita shawararta a bar shi gaba ɗaya, ta kawo shi ne kawai don ta san mutane na yi.

Ni na cire akwatin, Baba. Kowane babi yana da irinsa mai taƙaita abin da ya gabata, sai na ɗauka wannan ma maimaici ne. Ban karanta ba. Layi bakwai nake nema, na ga layi bakwai, na goge. Askin da na yi maka alfahari da shi ke nan.

Manaja ya rufe ƙofa, ya ce mu yi shiru. Za a saka 'yar takarda a cikin kwafin da suka rage a sito, Malama kuwa kada ta ji, don tana iya kai mu kotu. Amma kwafi dubu da ɗari biyu sun riga sun fita. Ina jin tsoro ƙwarai, tsoron da ban taɓa jin irinsa ba. Ka rubuto mini da hannunka cewa lafiyarka ƙalau, ka ba direban da ya kawo wannan.

'Yarka

*

Babana,

Gaisuwa da fatan alheri. Takardarka ta iso, na gode Allah da ba ka taɓa ba. Na yi dariya da hawaye inda ka ce kai da ka kori taba daga bakinka shekara arba'in ba za ka ba latas ita ba. Amma dariyar ba ta kai ƙarshen shafi ba.

Haba Baba, kwafi sha biyu? Na san don murna ka yi. Ka ga sunana a littafi, ka kai babi na shida wajen mai hoton takarda, ka raba wa duk wanda ka san yana da ko tukunyar tumatir. Ba laifinka ba ne, kada ka sake rubuta mini cewa laifinka ne. Ina tuna ka da gwiwar nan kana bi gida gida kana karɓowa, sai in ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Sha ɗaya sun dawo. Ta sha biyun ce ta hana ni sukuni. Ka ce wata mata ce da kuka zauna benci ɗaya a layin likitan kunne, ba ka san sunanta ba, ba ka san unguwarsu ba, ta dai ce ƙwari sun cinye mata alayyafo. Sannan ka ƙara, kamar ba komai ba, cewa tana da goyo. Baba, na san yadda mata ke aikin lambu. Ba sa sauke goyo. Ina rufe ido sai in gan ta a sunkuye tana feshi, kan jaririn yana leƙowa ta kafaɗarta, iska tana kaɗowa.

Shi ya sa ranar Laraba na tsallake Manaja na tafi gidan Malama. Na same ta tana juya taki da cebur. Na faɗa mata komai a tsaye, ban ko zauna ba. Ta jingine cebur ɗin ta shiga ta ɗauko mayafinta. Ba ta zage ni ba. Abin da ta ce kawai, saboda layukan nan bakwai ta yarda ta sa bayanin ruwan taba a littafin. Da mari ta yi mini da ya fi mini sauƙi.

Daga nan gidan rediyo muka wuce. Ta karanta layukan da bakinta, ni kuma na ce ni ce na cire su, don kada a ɗora wa iliminta. Ana ta maimaita sanarwar safe da yamma. Washegari na tarar Manaja ya sa an tattara mini kayana a kwali, har da kofin shayina. Ban damu ba, wallahi. Damuwata ita ce ko matar nan tana da rediyo, kuma ko ta san takardu huɗun da wani tsoho ya ba ta daga littafin da ake magana suka fito, tunda babu bango a jikinsu.

Ka yi mini addu'a, ka yi mata.

'Yarka mai neman gafara

*

Babana,

Ina gaishe ka gaisuwar da ban san yadda zan rubuta ta ba. Yaya gwiwar bayan wannan zaman benci? Tela ya ba ni labari kafin takardarka ta zo, wai duk ranar likitan kunne kana can tun kafin a buɗe ƙofa, sati uku a jere, kana leƙa fuskar duk mai goyo har ma'aikatan jinya suka fara yi maka kallon tuhuma. Kai da sai an yi da gaske kake zuwa naka ganin likitan.

Na karanta abin da matar ta gaya maka ranar da ka gano ta, har sau biyar. Ba ta ji rediyo ba. Ta jiƙa, ta dama da hannu, ta fesa, ta kwana biyu tana amai tana zaton zazzaɓi ne. Jaririn kuwa ranar yana mura, shi ya sa ta bar shi wajen kakarsa. Mura, Baba. Abin da ya tsaya tsakanina da ran ɗan mutane ke nan. Da na kai wurin sai da na zauna a ƙasa. Na gode da ka bi ta har lambun ka ga an tuge alayyafon an binne. Ranar Asabar ina tafe, ka kai ni wajenta. Ban san me zan ce mata ba, amma ba zan aika da takarda ba.

Mijin matar da ta zo ofishinmu ya koma gida, yana samun sauƙi. Kwafi ɗari bakwai da 'yan kai sun dawo. Sauran kusan ɗari biyar suna can a kan kantoci da ƙarƙashin matasai, a gidajen da ban sani ba, ga lokacin ƙwari yana matsowa. Kullum da safe ina zaga shagunan littattafai da wuraren masu sayar da iri, ina manna layukan a ƙofa. Duk lokacin da wayata ta yi ƙara sai gabana ya faɗi.

Malama ta kai littafin wata maɗaba'a an sake bugawa, ta aiko mini da guda ba tare da ko kalma ɗaya ba. Ga shi na haɗo maka, ka ƙona tsohon. Akwatin ya koma wurinsa. Shafi ɗari da saba'in da shida ne yanzu. In ka kai ƙarshe za ka tarar da sha biyar farare, babu komai a kansu. Ka ƙirga su, Baba, ni na ƙirga. Su ne na guje wa.

Ka huta da ƙafar nan har in zo.

'Yarka, wadda ba ta son jin sunan nan na gaggawa kuma