Ragowar Notin Baba

Zuwa ga Babana,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da ladabi, ina gaida Inna, da fatan ƙafarka ta yi sauƙi. Takarda na rubuto na ba direban motar kamfaninmu, don na san wayarka tana nan a buɗe kan tebur, wata huɗu ke nan kana gyara ta.

Baba, na jawo magana. Babban injin da ke narka roba yana fitar mana da silifas ya tsaya tun ranar Laraba. Manajanmu ɗan Chana, wanda muke kira Agogo saboda ko atishawa ka yi sai ya duba hannunsa, ya ce babu mai taɓa shi sai injiniya ya zo daga ƙasarsu nan da wata biyu. Mu mata sittin an ce mu koma gida mu jira. Ka san jira ba ya ɗora tukunya.

Ni kuma bakina ba shi da linzami. Na ce wa tafinta ya gaya masa ina da uban da ko inji ya kwana a kabari zai tashe shi. Agogo ya dube ni, ya dubi agogonsa, ya ce in kawo ka. Amma ya ce in injin ya ƙara lalacewa a hannunka, ni ce zan fita ƙofa, kuma ba dawowa. Na ce na yarda.

Don Allah ka biyo direba ranar Asabar.

'Yarka,
Auta

*

Auta,

Wa alaikumus salam. Takardarki ta iso. Ƙafa da sauƙi, wayar kuma saura kaɗan.

Yanzu ni ne zan je in yi wa mutanen nan gyara? Kin manta kayan su waye suka mai da shagona wurin hira? Shekara arba'in ina gyaran rediyo da fanka da keken ɗinki. A da mutum zai kawo tocila tun ta kakansa, in buɗe, in kankare tsatsa, ta ci gaba da haska jikoki. Yau sabuwa ta fi gyara araha, tana mutuwa sai bola. Jiya tela maƙwabcina ya kawo min fankar da ko noti ɗaya babu a jikinta, duk liƙi ne. Na ce masa ya je ya binne ta, ba a yi ta don a buɗe ba.

Ba zan zo ba.

Amma gaya min, ba don komai ba: kafin ya tsaya, wane irin kuka ya yi? Tari ne ko gurnani? Yana girgiza ƙasa in yana aiki? Kada ki bari kowa ya zuba masa mai.

Ki ce wa direban ya bar min kujerar gaba, ƙafata ba ta son baya.

Allah ya yi miki albarka.
Mahaifinki

*

Babana,

Barka da komawa gida, da fatan gajiya ta bi lafiya. Matan wurin aiki duk suna gaishe ka. Babbarmu ta ce in gaya maka ba ta taɓa ganin wanda ya kafa kunne a jikin inji ya ce wa mutum sittin da suka taru kallo su yi shiru, suka kuma yi ba.

Inji yana aiki. Ya ma daina girgizar nan da ke sa kofin shayin Agogo yawo a kan tebur. Kwana uku ina tafiya kamar ni na ƙera shi.

Yau da safe Agogo ya sunkuya ɗaukar alƙalaminsa, sai idonsa ya faɗa kan ramuka uku a gindin injin, babu noti. Baba, na ga mutum ya canza kala a gabana. Ya ɗauko littafin injin, ya ƙirga a hoto, ya ƙirga a ƙasa, ya sake ƙirgawa. Ya kira ni ofis.

Ya ce, ta bakin tafinta, "Ina noti uku?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, ai injin yana aiki."

Ya ce, "Ban tambayi injin ba. Ina noti uku?"

Ni na san inda suke, don na ga hannunka ya shiga aljihu. Tun ina ƙarama ban taɓa ganin ka rufe abu bai bar ragowa ba. Amma ta yaya zan fassara wa ɗan Chana gwangwanin madararka da kake tara ragowar noti?

Ya buga waya ƙasarsu, sun ce injiniyan zai taso mako mai zuwa. In ya ce an cuci injin, aikina ya ƙare. Ina jin tsoro, Baba, ba wasa nake ba. Ka aiko da su.

'Yarka mai biyayya,
Auta

*

Auta,

Bayan gaisuwa. Na karanta, kuma raina ya ɓaci, da su da kaina.

Ki gaya wa mai agogon nan ni ba ɓarawo ba ne. Maigidana da ya koya min aiki ya ce duk mai ƙera inji yana sa noti fiye da buƙata, don tsoro. Aikin mai gyara shi ne ya gane wanda ke riƙe da inji da wanda ke zaune kawai yana cin albashi. Waɗancan ukun masu jan kai ba riƙe shi suke ba, shaƙe shi suke. Ina kwance su na ji ya yi ajiyar zuciya. Tafinta yana wurin, ki tambaye shi.

Matsalar ita ce ina dawowa na zuba su a gwangwani, gwangwanin kuma ba ɗaya ba ne yanzu, tara ne. Na juye su duka a tabarma, ni da Innarki muka wuni muna tonawa, tana ta min gori cewa da noti abinci ne da mun fi kowa ƙiba a layin nan. Ɗaya na san inda yake, yana riƙe da hannun tukunyarta, ta ce ko shugaban kamfanin ne ya zo da kansa ba za ta bayar ba. Biyun sun shige cikin dangi.

Ga uku nan a ƙulle cikin leda, na zaɓo waɗanda suka fi kama. Na ɗan shafa musu jan farcen Innarki.

In sun kore ki saboda ni, ban san da wane ido zan dube ki ba. Tun da takardarki ta zo abinci ba ya min daɗi. Wannan layin kada ki karanta wa kowa.

Mahaifinki

*

Babana,

Gaisuwa mai yawa, kuma ka zauna kafin ka karanta.

Injiniya ya iso jiya. Mun zaci wani matashi ne mai kwamfuta, sai ga tsoho sa'anka, yana ɗingisa ƙafa irin taka. Agogo ya miƙa masa ledarka da hannu biyu. Tsohon ya juya notin, ya kankare jan da farcensa, ya shinshina, ya ce wannan na keken ɗinki ne, wannan na fanka, wannan kuma bai san duniyar da ya fito ba. Na fara tunanin inda zan sa kayana.

Sai ya kwanta a ƙasa ya leƙa ramukan. Can sai muka ga cikinsa yana rawa, ashe dariya yake, har da hawaye. Tafinta ya ce wai notin nan uku masu jan kai ana ɗaura su ne don kada injin ya motsa a cikin jirgin ruwa. Ranar da aka kafa shi ya kamata a cire su. Shekara biyu injin yana aiki a ɗaure kamar akuya a turke, shi ya sa yake girgiza har ya gaji. Bayanin yana nan a shafi na biyu na littafin, shafin da Agogo ya tsallake don sauri.

Agogo bai duba agogo ba har aka tashi.

Tsohon ya tambayi wanda ya yi aikin. Na ce mahaifina ne, kuma bai karanta littafin ba, kunne ya sa. Ya ce wata uku zai yi a nan, yana so ka zo ku buɗe sauran injinan tare, ka nuna masa kunne ya nuna maka littafi, sannan ku koya wa mu huɗu daga cikin matan, don a daina jiran jirgi duk ranar da inji ya yi tari. Sunana ne na farko.

Da zai tashi ya zaro hankici, sai ga noti biyu sun faɗo daga aljihunsa. Ya yi maza ya take su da ƙafa. Ni kaɗai na gani.

Za ka zo?

'Yarka,
Auta

*

Auta,

Alhamdu lillahi. Yau na ci abinci har na nemi ƙari. Zan zo ranar Asabar, ba don su ba.

Amma kafin nan ki ja tsohon gefe, inda Agogo ba ya ji. Ya ce uku masu jan kai na jirgi ne, na yarda. To, ki tambaye shi a hankali: biyun nan masu baƙin kai da Innarki ta tsinta yau a ɗaya aljihun rigata wajen wanki fa, su na mene ne?

Kafin ya ba ki amsa, kada ki tsaya kusa da injin.

Mahaifinki