Kukan Ƙyauren Baba

Yaya,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, kai da iyali da mutanen shago.

Na ji an sayar da gidanmu, za a rushe. Abu ɗaya nake roƙo: ƙyauren ɗakin Baba. Ka san sana'ata, wadda kake kira haukan birni, kiɗa da kwalabe da tsoffin bokitai da sarƙar keke. An ba ni dandali wata mai zuwa, kuma da ƙyauren nan nake so in buɗe wasan. Tun da Baba ya rasu ba ni da muryarsa ko a waya, amma kukan ƙyaurensa yana kunnena: ya ja dogo, ya tsaya, sannan ya ƙarasa kamar mai gyaran murya. Wallahi ina kewarsa, Yaya. Ka ciro shi da hinjinsa, ƙarfen da yake juyawa a kai, ka aiko min.

Ƙanwarka,
Auta

Auta,

Wa'alaikumus salam. Kowa lafiya, suna gaishe ki.

Ikon Allah, mutane na neman gado, ke tsohon katako kike nema. To, na ciro. Amma da na kai shi shago na dube shi a haske, kunya ta kama ni. Ƙanwar kafinta guda ta hau dandali da wannan? Ai sai a ce ba ki da kowa. Na goge shi tas, na shafa fenti. Hinjin kuwa na jiƙa a kananzir, na kankare tsatsar, na ɗura mai. Yanzu da ɗan yatsa ma za ki tura shi. Matata ta ce ko Baba ba zai gane shi ba. Yana hanya.

Allah ya ba da sa'a,
Yayanki

Yaya,

Gaisuwa mai yawa. Ya iso. Na kafa shi, na buɗe, na rufe, na sake buɗewa. Shiru. Na zauna a ƙasa na yi kuka har na gaji. Ban yi fushi ba, na san gata ka yi min.

Na sa an ɗaga wasan. Na fitar da ƙyauren waje ruwan sama yana dukansa. Wani maƙeri ya ce tsatsa za ta dawo, amma ba lallai ta dawo da murya ɗaya ba. Kullum da safe ina turawa.

Taka,
Auta

Auta,

Na gaishe ki. Jiya na bi ta gidan, an rushe. Na tsaya ina ƙoƙarin tuno kukan, na kasa. Ranar da ƙyauren ya yi magana, ki kira ni ko ina ina, ki kara masa wayar.

Yayanki