Agogon Madabod Ɗinku Ya Ƙi Barin Mubi

Zuwa ga Mai Girma Shugaban kamfanin da ya ƙera madabod ɗin, wato babban allon cikin kwamfuta, da na sayo a kasuwar Jimeta.

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa da fatan kana lafiya da iyali. Ka gafarce ni ban ambaci sunanka ba. Abin da ke jikin kwalinku baƙaƙe ne zalla babu wasali, na gwada furta shi har matata ta miƙo mini ruwa. Adireshi kuma ba ku sa ba, shi ya sa na shanya kukana a fili.

Ni mai gyaran rediyo ne, karatuna ya tsaya a aji biyar na firamare, shi ma da taimakon na kusa da ni. 'Yata Fa'iza tana neman makarantar koyon jinya, kuma gwajin shiga ta intanet ake yin sa. Na ce ni ba uban da zai bar 'yarsa a layin kafen intanet ba ne, zan haɗa mata kwamfuta da hannuna. Na tsinto akwati a wuri ɗaya, fanka a wani, sannan Hamma Buba mai kayan kwamfuta ya ɗauko mini naku daga ƙasan kanta, ya ce da shi da mai tsada duk uwarsu ɗaya. Ga ƙorafina.

Na ɗaya. Takardar bayanin da kuka saka ba Turanci ba ce, ba Larabci ba. Na kai wa maƙwabciyarmu Madam Rifkatu, malamar sakandare, ta juya ta sama da ƙasa, ta ce wataƙila hoton ma a kife yake. Wayar kunnawa da lalube na gano mazauninta, kamar mai neman tasha a tsohuwar rediyo.

Na biyu, kuma shi ne babba. Agogon allonku ba ya riƙe lokaci. Da an ɗauke wuta, sai ya koma ɗaya ga Janairun wata shekara da ta daɗe da wucewa. Shafin gwajin kuwa ba ya buɗe wa mai kwanan wata na ƙarya. Ranar gwajin share fage, Fa'iza tana tsakiyar amsa tambayoyi wuta ta ƙifta. Kafin mu saita kwanan wata an rufe. Ba ta yi kuka ba, ta dai dube ni, ni kuma na dubi fanka. Na sauya batirin nan mai kama da kwabo. Na tokare shi da tsinken ashana. Na manne shi da cingam, Allah ya yafe mini. Duk a banza.

Na uku. Ranka ya daɗe, wa ya zaɓa muku wannan shekarar? A wancan Janairun ina Mubi. Shagona yana bakin kasuwa, mutanen Kamaru suna kawo rediyo a nannaɗe cikin zani kamar jariri. Fa'iza ta fara tafiya ke nan, tana dafa benci tana kwashe mini sukurori. Da azahar Hamma Sali tela yakan tsallako da kwanonsa, mu haɗa abinci, ya cinye naman nawa yana ba ni labarin da na riga na sani. Shekaru kaɗan bayan haka 'yan bindiga suka afka wa garin, muka fito da ƙafa ta cikin duwatsu, yarinyar a wuyana, sukundireba ɗaya a aljihuna. Shagon ya ƙone. Hamma Sali ya ce mu yi gaba zai rufe ƙofa ya biyo mu. Har yau bai iso ba.

To kullum na kunna, sai na'urarku ta gaya mini cewa duk wannan bai faru ba tukuna. Nakan ɗan jima ina kallon lambobin kafin in gyara. Matata ta ɗauka ban iya ba ne, na bar ta a haka, ai ba ta yi nisa da gaskiya ba.

Roƙona biyu ne. Ku bayyana, da harshen da ɗan aji biyar zai gane, abin da zan taɓa agogon ya tsaya a yau. In kuma allon ne ya lalace, ku umarci dillalanku su sauya mini kafin ƙarshen watan nan, domin lokacin ne gwaji na gaskiya, kuma sau ɗaya ake yi.

Da don ni ne, da ban rubuto ba, sai in bar shi a Janairunsa mu zauna tare. Amma ita Fa'iza ba ta tuna Mubi, kuma ba ta da abin yi a waccan shekarar.

Allah ya ƙara wa kamfaninku kasuwa, ya ba ku ma'aikacin da zai riƙa duba agogo kafin a rufe kwali.

Wassalam.

Bappa Hammajo mai rediyo,
Demsawo, Jimeta.